Ba a Mayar da Inji a Bushe

Da albashina na farkon fara koyarwa na sayi injin ban-ruwa, kuma ba don kaina na saya ba, don Baba ne. Tun ina ƙarami nake ganinsa a bakin kogin Wudil yana jan jigo, ya sunkuya ya miƙe, ya sunkuya ya miƙe, tun hantsi har rana ta take, duk don ya shayar da ɗan lambun albasarsa. Bayansa ya ranƙwafa tun shekarunsa ba su kai ba. Ranar da na sauke injin a bakin gada muka tura shi a baro har fadama, Baba ya zagaya shi sau biyu kamar mai tayin sa a kara, ya ja igiya, injin ya yi tari ya kama, ruwa ya ɓulɓulo daga tiyo. Sai ya juya mana baya yana gyaran hular da ba abin da ya same ta. Na san hawaye yake ɓoyewa, na kau da kai.

Ba a yi wata biyu ba mariƙin igiyar ya fashe, da ma na roba ne. Baba ya samo guntun icen ƙirya ya sassaƙa wani da wuƙarsa, ya huda shi da ƙusa mai zafi. Igiya kam mun canza ta ba adadi, amma mariƙin nan bai taɓa canzawa ba. Hannuwa sun murje shi har yana sheƙi.

Hannuwa na ce, domin injin namu bai san zaman gida ba. A fadamarmu a lokacin injuna ba su fi a ƙirga da yatsun hannu ɗaya ba, masu lambu kuwa da yawa, don haka inji yawo yake yi. Yau yana wurin maƙwabci, gobe wani ya ɗora shi a keke ya yi gabas da shi, har mutanen Utai sun sha zuwa aro. Ba a karɓar ko sisi. Doka ɗaya ce, Baba ya kafa ta, fadama ta ɗauka: ka zo da manka, in kuma za ka dawo da inji, kada ka dawo da shi a bushe. Ka bar ɗan abin da mai shi zai tayar. Ba mai aunawa, amma in an dawo da shi Baba yakan ɗan girgiza shi ya kasa kunne, daga motsin man da ke tanki ya san irin mutumin da ya ara. Akwai mai cika shi fal har ya ba ka kunya. Akwai wanda abin da zai bari ko tsumma ba zai jiƙa ba, shi ma gobe in ya dawo a ba shi, sai dai ya sha tsiya a majalisa. Wanda ba shi da halin mai kuwa, sai ka ga ƙullin tattasai ko ɗaurin lawashi rataye a jikin injin. Baba yakan ce wannan ma mai ne.

Da Allah ya yi wa Baba rasuwa, 'yan'uwanmu mata suka ɗauki nasu rabon a gonar damina, fadama kuma aka raba ta biyu tsakanina da Yaya. Mu biyu ne maza, uwa ɗaya uba ɗaya, ya ba ni shekara shida. Shi ya sami ɓangaren gangare, inda rijiyar bututu take, ni na sami na sama, kusa da wata 'yar ƙorama da ke riƙe ruwa har bazara. Inji bai shiga gado ba. Yaya da bakinsa ya ce a gaban malamin da ya yi rabon, "Wannan na Malam ne, da guminsa ya saya." Malam yake ce mini tun ranar da na fara riƙe alli, rabi girmamawa rabi zolaya.

Ba zan yi wa Yaya ƙarya ba don ina jin haushinsa. Shi ya riƙa ɗora ni a wuya yana ƙetare ruwa da ni zuwa makaranta in damina ta cinye hanya. Shi ya bar karatu a aji huɗu ya kama fartanya, don Baba ba zai iya rasa mu duka biyu a gona ba. Bayan rabon gado ma ba abin da ya canza tsakaninmu. Da safe yana ban-ruwa ina aji, bayan azahar in na taso in tarar ya riga ya kai mini injin bakin ƙorama, da mai a tanki. Ni ma da yamma in mayar masa da mai a tanki. Mun yi shekaru a haka, ban taɓa sanin wa ya fi wani zubawa ba.

Sai aka cire tallafin mai.

Wanda bai yi noman rani a shekarar nan ba, ba zai gane ba. Galan ɗin da kake saya ba tare da ka duba aljihu ba, ya koma sai ka yi shawara da iyali. 'Yan bumburutu suka koma sayarwa a kwalba, kwalbar ma ana neman rabi. Mutane suka fara dawo da inji a bushe, su ajiye a zaure su yi sauri su tafi kafin ka fito, kuma ba mugunta ba ce, kunya ce. Wasu suka bar lambun gaba ɗaya suka koma haƙar yashi a kogi.

Haushin da na ji a lokacin ba kaɗan ba ne, har da haushin kaina. Shekara nawa na yi ina rubuta wa yara a allo cewa ƙasarmu Allah ya yi mata arzikin man fetur, su maimaita, in buga sanda a tebur su ƙara maimaitawa? Ni dai iyakar arzikin man da na gani da idona shi ne layi a gidan mai. Ana cikin haka sai rediyo ta fara wani sabon karatu, wai duniya ma barin fetur za ta yi, hayaƙinsa ne ke dagula damina. Wato mun yi shekaru a layi da kwanonmu, da aka kusa zuwa kanmu sai aka ce ai tuwon ma ba shi da kyau ga lafiya, kowa ya kama gabansa. Na yi tsaki, amma maganar ta zauna mini. Ni mutum ne mai son a ce shi ya fara ganewa, kuma wannan halin ya sha ja mini.

Saboda haka da wata ƙungiya ta zo da maganar ban-ruwa da hasken rana, ni na fara miƙa wuya. Tsarinsu mai sauƙi ne: ka kawo injinka na fetur su tafi da shi, su kafa maka farantan sola da famfo a rijiyarka. Ba mai, ba hayaƙi, ba bakanike. Shugabar tawagar wata mata ce mai fara'a, Hausarta ba ta gama nuna ba, sai na zama bakinta. Ba wanda ya sa ni. Gida-gida na bi, majalisa-majalisa, ina wa'azi kamar an ba ni lasifika. Wani tsoho ya tare ni ya ce, "Malam, abin da ba ya ɗaukuwa a keke, ya za a yi aronsa?" Na yi masa dariyar masu ilimi na ce, "Baba, rana ai ta kowa ce, kuma ba ta ƙarewa. Wa ya taɓa ara wa wani rana?" Yau in na tuna wannan amsar sai in ji kamar in mari kaina. Masu inji a fadamarmu kusan duk sun bi ni.

Ni da Yaya muka yi magana a zaurensa. Rijiya a wajensa take, don haka can za a kafa farantan, a ja dogon tiyo zuwa nawa lambun. Kwana ɗaya shi, kwana ɗaya ni. Ya ce, "Ai ba sai an faɗa ba, Malam. Ni da kai har sai an yi rabo?" Ban nemi shaida ba. Wa ke kiran shaida tsakaninsa da wanda suka sha nono ɗaya?

Ranar rajista aka taru a ƙarƙashin darbejiyar makarantarmu. Aka jera injuna, ana fesa wa kowanne lamba da jan fenti. Ni ke zaune a tebur ina rubuta sunaye, don na nuna musu rubutuna ya fi na ma'aikatansu kyau. Da aka zo kan namu, matar ta dube ni, ta dubi Yaya da ke tsaye a kaina.

"Malam, inji ɗaya suna ɗaya ne fa," ta ce. "Na wane ne a cikinku?"

Kowa a wurin ya san amsar. Amma ga Yaya tsaye da furfurarsa, ga dattawan unguwa zaune a benci, ga ni a kan kujera da biro a hannu. Ta yaya ƙane zai buɗe baki a gaban jama'a ya ce nawa ne, ba na wana ba? Na ɗaga kai na ce, "Yaya, a sa naka mana. Kai ne babba."

Tayi na yi. Duk Bahaushen da ya ji ni ya san tayi ne, irin wanda kake yi wa mai wucewa in kana cin abinci, ka ce bismilla, ya ce alhamdulillahi ya wuce abinsa. Abin da na sa rai shi ne ya ce a'a, in ƙara yi masa, ya ƙara cewa a'a, wani dattijo ya sa baki ya ce to tunda babban ya yafe a sa na Malam, kowa ya tashi da mutuncinsa. Haka ake yi, haka muka taso muka gani.

Yaya ya ce, "A'a, Malam, ai naka ne."

Na ce, "Haba Yaya, kana tsaye a sa nawa? Bari dai a sa naka."

Ya yi shiru kaɗan, ya shafa gemu, sannan ya ce, "To, shi ke nan. Duk ɗaya ne."

Dattawa suka ce madalla, Allah ya bar zumunci. Na sunkuya na rubuta sunansa da hannuna, da kyakkyawan rubutun nan nawa, ya dangwala yatsa. Na ji wani abu ya ɗan soke ni a ƙirji, na ce shaiɗan ne, na yi ta'awizi. Kafin a ɗora injin a mota na kwance igiyar da mariƙin Baba na sa a aljihu. Matar ta gani ta yi murmushi, ta ce ba komai, da ma narkar da su za a yi.

Shekarar farko, in faɗi gaskiya, abin ya yi daɗi. Aka kafa farantan a kan ƙafafun ƙarfe, aka zuba musu siminti, aka kewaye da waya saboda awaki da ɓarayi, makulli a hannun Yaya tunda shi ne a kusa. Rana na ɗagawa ruwa zai fara zuwa, ba ƙara, ba wari, har kana jin kukan tsuntsaye. Bai kai ƙarfin na inji ba, kuma da la'asar sakaliya yake yin sanyi ya tsaya, amma yana isar mu in an bi kwana-kwana. Abu ɗaya ne ban yi lissafinsa ba duk da wa'azina: lokacin da rana ke aiki, lokacin nake aji. Inji yakan jira ni in taso, rana ba ta jiran kowa. To amma wannan bai dame ni ba, domin ran kwanana Yaya ke juya tiyo zuwa lambuna, in zo in tarar ƙasa ta sha. Na sami albasa a shekarar ban sayi ko kwalbar mai ba. Na riƙa yawo a fadama hannu a baya ina amsa gaisuwa kamar ni na ƙirƙiro ranar.

Shekara ta biyu Yaya ya karɓi hayar lambun maƙwabcinsa, wanda ya koma haƙar yashi. Sannan ya ƙara da wani. Da can ba zai soma ba, domin kowane fangali ka ƙara, mai ka ƙara, kuma tsadar mai ce ke taka wa mutum burki. Yanzu ruwa kyauta ne, sai ido ya buɗe. Na ga yana ta dashe har inda ban taɓa ganin fartanyarsa ta kai ba, na yi masa barka, na ce, "Yaya, ruwan zai isa kuwa?" Ya ce, "Rana ai ba ta ƙarewa. Ba kai ka faɗa ba?" Muka yi dariya tare.

Rana ba ta ƙarewa, amma wuni yana ƙarewa. Sanyi ya wuce, zafi ya fara shigowa, albasa ta fara yin kai, lokacin da ba ta yafe ƙishi ke nan. Ran kwanana na taso daga makaranta na tarar da lambuna a bushe, tiyo kuma yana can cikin sabon lambun Yaya.

"Yi haƙuri, Malam," ya ce. "Ka ga wannan ɓangaren ya galabaita. Gobe naka ne, wuni guda."

Gobe na zo, ya ba ni bayan la'asar, lokacin da ruwan ke fita kamar na bakin buta. Fangali uku na jiƙa rana ta yi sanyi. Jibi ya ce bari ya ƙarasa wani lungu. Gata Juma'a ce, na taso da wuri na tarar da kwaɗo a ƙofar waya, shi kuma ya tafi kasuwa da makulli a aljihu, ya bar ruwa yana kwarara a nasa. Na tsaya a bayan waya ina kallon ruwa yana gudu, ga lawashina can sama ya fara yin rawaya daga baki.

Na ce to, ai ba a kansa aka fara ban-ruwa ba. Ga ƙorama a gefena, inji kawai nake buƙata. Na shiga gari neman aro, a nan na san tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka. Gida na farko mai shi ya ce, "Inji kuma, Malam? Ai kai ka rubuta lambarsa." Na biyu ma haka. Tsohon nan da ya tambaye ni yadda za a yi aron abin da ba ya ɗaukuwa a keke bai tuna mini komai ba, ya dai dube ni ya ce Allah ya kawo mafita. Da ma zagina ya yi, da ya fi mini sauƙi. 'Yan injunan da suka rage sun zama na haya, an yi musu layi na kwanaki, masu su kuma ba ruwansu da wata dokar Baba. Masu sola kuwa kowa ruwansa iyakar tsawon tiyonsa. Na sa sunana a layin haya, aka ce in dawo bayan mako.

Na je wurin Inna mahaifiyarmu, da yake a gidan Yaya take zaune. Na zayyana mata komai tana jan carbi. Da na gama ta ce, "Yayanka ne, ka yi haƙuri."

"Inna, injina ne fa aka bayar."

"Na sani. Amma abin da ka bayar a gaban dattawa, ba ni zan karɓo maka ba."

Ban ga laifinta sosai ba, tuwon gidan take ci. Amma na fito zuciyata na tafasa, har na wuce matar Yaya a tsakar gida ban amsa gaisuwarta ba.

Ranar Asabar da hantsi na je na sayi fetur cike da galan. Mai ɗakina ta gan ni da shi ta ce, "Malam, me za ka zuba wa?" Na saɓa shi har fadama. Yaya na can kusa da farantan da fartanya, yana buɗe wa ruwa hanya. Muka gaisa kamar kullum, ina kwana, ina gajiya, ya iyali, ya aiki, ya zafi, ba mu tsallake ko ɗaya ba. Sannan na dire galan ɗin a bakin ƙofar waya.

"Yaya, na zo aron inji. Ga maina."

Ya dubi galan, ya dube ni. "Malam, wannan ai ba ya shan mai."

"Na sani. Amma haka Baba ya ce a yi. In na gama kuma ba zan dawo da shi a bushe ba."

Ya dogara fartanya a ƙasa, fuskarsa ta canza. "Kada ka kawo mini Baba nan wurin. Baba ya tura ka makaranta, ni ya turo ni fadama. Kai in albasar nan ta mutu, ƙarshen wata za ka je banki. Ni in tawa ta mutu ina zan je? Na karɓi lambunan mutane, idon kowa yana kaina. Tun ina yaro nake ban-ruwa a ƙuntace, sai yanzu da Allah ya buɗa mini za ka ce in raba?"

"Da injin wa Allah ya buɗa maka?"

"Na ce maka naka ne, ka ce a sa nawa. Sau biyu ka faɗa. Mutane suna wurin."

"Tayi na yi maka, Yaya. Kai ma ka san tayi ne."

Ya kau da kai wajen kogi. "Na sani," ya ce, a hankali. Sai ya sunkuya ya buɗe wa ruwa wani fangalin.

Wallahi da ya ce bai sani ba, da na yafe masa a nan take. Da na ce kuskurena ne, mutumin da ya bar makaranta a aji huɗu bai ɗauki takarda bakin komai ba, daga baya ne kwaɗayi ya shige shi. Amma ya sani. Wato tun ranar nan a ƙarƙashin darbejiya, a ɗan shirun da ya yi yana shafa gemu, ya gama lissafinsa, ni kuma ina gyara masa wasulan sunansa don kada a yi kuskure. An ci amanata, kuma da hannuna na rubuta. Ana cewa kunyar mara kunya asara ce, na sha faɗa wa mutane wannan karin magana, ban taɓa zaton a cikin gidanmu zan koyi ma'anarsa ba. Na ɗauki galan ɗina na hau sama, ban yi masa sallama ba.

Injin haya ya zo hannuna bayan kwana tara. Da man galan ɗin nan na tayar da shi. Na shayar da lambun har ya yi taɓo, amma ihu ne bayan hari. Albasar da ta sha ƙishi tana yin kai ba ta ƙara girma, sai dai ta tsaya ta tsufa a haka. Da na tone ta, mafi yawa ba ta fi goro ba. Ko kasuwa ban kai ba, na ji kunyar dillalai.

Akwai wata al'ada a wajenmu. In mutum ya cire albasa, kafin ya ɗinke buhu yakan cika kwanduna ya aika wa waɗanda ba su yi noman rani ba: liman, matan da mazansu suka rasu, marasa lafiya, baƙon da ba shi da fili. Tun zamanin Baba gidanmu aikawa yake, ban taɓa sanin yadda kwandon yake ba ta ɓangaren mai karɓa. Ranar da Yaya ya gama cirar tasa, motoci biyu suka zo ɗauka. Da yamma sai ga matarsa ta yi sallama da kwando a ka, cike da jar albasa manya-manya, kowace ta cika tafin hannu. Ta ce wai a kawo wa Malam, a sa a miya.

Mai ɗakina ta karɓa ta yi godiya, domin ba a mayar da hannun kyauta baya. Mun kuma ci albasar, ba zan ɓoye ba. Zubarwa almubazzaranci ne, kuma ta yi kyau ƙwarai, ai ruwa biyu ta sha, nasa da nawa.

Kashegari mai ɗakina ta same ni a zaure da kwandon a hannu. "Malam, kwandon nan fa za a mayar. Me za a sa a ciki? Ka san ba a mayar da shi haka."

Na shiga ɗaki na buɗe akwatin da nake ajiye takardun aikina, na ɗauko igiyar nan da mariƙin ƙirya, na naɗe ta na sa a gindin kwandon. Ta leƙa kwandon.

"Ka tabbata? Shi ke nan fa abin da ya rage maka na Baba."

"Kai masa. Ya san ta."

Gara in faɗi abin da ke raina a lokacin. Ba don in ci masa fuska na aika ba. Na yi zaton in ya ɗauki icen nan ya ji santsinsa a tafin hannu, zai tuna wanda ya sassaƙa shi, ya tuna duk azahar ɗin da na tarar da inji a bakin ƙorama da mai a tanki. Na yi zaton zai zo. Ba na ma buƙatar ya ba ni haƙuri, ya zo kawai ya zauna a zaure ya ce, "Malam, baɗi ya za mu yi?" Kwana uku ina shimfiɗa tabarma biyu bayan la'asar. Mun haɗu a masallaci, ya miƙo hannu na miƙa, ya tambayi iyali na tambayi Inna. Bai ce komai a kan kwando ba.

Mako na zagayowa na gangara fadama in kwaso tiyona, tunda ba shi da sauran amfani a can. Yaya ba ya nan. Tun daga nesa na ga ba kwaɗo a ƙofar waya, ashe maratayar kwaɗon ce ta karye. An ɗaure ƙofar da igiya, an zagaya ta sau uku a jikin turke, an soke mariƙin ƙirya a cikin ƙullin don kada ya kwance.

Na tsaya ina duba ƙullin. Ƙulli ne mai kyau, irin wanda Baba ya koya mana mu biyu a rana ɗaya. Da yatsa ɗaya zan iya zare shi in shiga. Ban taɓa ba. Na naɗe tiyona na saɓa a kafaɗa, ina jin famfon a bayana yana ta turo ruwa cikin lambun Yaya.